Dankalin Bomo a Teburin Baba Yohanna

Cikin ranakun da na yi ina aikin girkin biki, akwai wadda ban taɓa mantawa da ita ba. Ranar Kirsimeti ce, a shekarata ta biyu da fara aiki wajen Madam a Sabon Gari. Ku da kuka shigo bayanmu kun tarar ana tambayar "Wa zai ci?" kafin a ɗora tukunya, har wasunku na ganin ɓata lokaci ne. To, daga ranar aka fara yin wannan tambaya a kicin ɗinmu, kuma dankali ne sanadi. Ba na Turawa ba, namu na Hausa, wanda ake dafawa a ci da ƙuli-ƙuli.

Bari in fara da yadda aikin yake, saboda waɗanda ba su san shi ba. Madam, wato Maman Emeka, ita ce mai wurin. Ibo ce, amma a Sabon Gari aka binne cibiyarta, in tana faɗa da Hausa sai ka rantse Bazazzagiya ce. Ita ke karɓar aiki daga masu biki, ita ke cefane. Ƙarƙashinta akwai uwar tukunya, wadda ba a sa gishiri ko a sauke girki sai da yawunta. A lokacin Iya Kande ce, wata dattijuwa daga Hanwa, mai zafin hannu da zafin baki. Sai mu masu taya, mu ke feraya da yanka da daka da wanke-wanke, mu kuma ke raba abinci a gidan biki.

Muna da wata al'ada da ba a rubuta a ko'ina ba. Ranar Sallah mu Musulmi ba ma zuwa, 'yan'uwanmu Kiristoci ke riƙe kicin. Ranar Kirsimeti su kuma su tafi coci, har da Madam, mu riƙe musu. Ita ma Iya Kande tana da tata dokar. Duk abin da aka girka, kafin a rufe kula sai ta ɗebi kaɗan a wani ɗan kwanon silba mai murfi ta sa a jakarta. Ba ci take yi ba. In an tambaye ta sai ta ce, "Uwar tukunya ba ta cewa ya ƙare."

Ana gobe Kirsimeti da hantsi, wata mata ta sauka daga keke napep da rabin buhu. Sista Rahila ce, ma'aikaciyar jinya, wadda za mu yi wa girki washegari a gidan mahaifinta a Samaru. Tuni an gama magana kan shinkafa da soyayyar kaza da farfesu. Wannan buhun ƙari ne.

Ta ce, "Madam, ga dankalin. A dafa ya yi laushi, a murje, a sa bota da madara. A zuba wa kowa a farantinsa tun kafin a buɗe kular shinkafa. Kowa fa, har Fasto."

Madam ta ce ta gane, ta taɓa yi wa wasu baƙin jami'a irinsa, ba abin da ya fi shi sauƙi. Ta juya ta maimaita wa Iya Kande, ta ƙara da cewa bayan ludayi ya isa a murje shi. Baƙuwar na ba da baya, Iya Kande ta fara mita.

"Dankali ranar biki? Mutane su ɗinka sabon kaya su zo a ba su abincin 'yan tsaron gona? Gobe a ce girkin Kande ne."

"Iya, abin da mai biki ya ce shi ake yi," in ji Madam, ta wuce wajen kaji.

Ni abin bai ba ni haushi ba, mamaki ya ba ni. Gidan da ya iya sayen kaji cike da kwando, me ya kai shi dankali? Kuma me ya sa sai an fara da shi? Dama Iya Kande ta daɗe da sa mini suna Sarkin Tambaya. Takan ce bokon da na yi bai koya mini komai ba sai "don me". Na ɗauki jakar Sista na raka ta bakin titi, muna jiran keke na ce, "Anti, don Allah ki yi haƙuri da karambanina. Dankalin nan al'adar gidanku ce?"

Ta dube ni, ta yi ɗan murmushi mai nauyi. Ta ce tunda na tambaya za ta gaya mini. Mahaifinta, Baba Yohanna, tsohon malamin firamare ne a Samaru. Da ya ajiye alli sai ya koma noma a wata 'yar gonarsa a Bomo. Ana nan ciwon shanyewar ɓarin jiki ya same shi. Ƙafa ta dawo kaɗan, magana ma tana fita a hankali, amma haɗiya ta zama aiki. Shinkafa tana sarƙe shi, nama kuwa ba a ma magana.

"Bara muna tsakar gida muna cin kaza, shi yana ɗaki da kofin kunu," in ji ta. "Mutumin da tun muna yara shi ke yi mana addu'ar abinci. Ya ce ba zai fito a ba shi abincin goyo a gaban yaran da ya koyar ba. Bana na yi masa alkawari, abin da zai ci shi kowa zai ci. Ya ce sai ya gani da idonsa. In ya leƙo ya ga nasa daban, ba zai fito ba."

Ta ce dankalin na gonarsa ne, mai noma masa ya haƙo. Keke ya tsaya, ta sa ƙafa, sannan ta waiwayo. "'Yar'uwa, kar maganar nan ta yi yawo. Baba ba ya son a ji tausayinsa." Na ce in sha Allahu daga bakina ba za ta fita ba.

Washegari bayan sallar asuba muka haɗu a kicin, ni da Iya Kande da Hanne, abokiyar aikina, mai ƙarfin daka. Iya ta zazzage buhun a ƙasa. Dankali ne mai jan ɓawo, cikinsa ruwan ɗorawa. Ta zaɓe manya manyan, ƙananan da karkatattun ta tura su cikin kwando. "Waɗannan namu ne na gashi, ba sa ganin baƙi." Ni aka ba ni suyar kaji a bayan gida, inda manyan murahu suke.

Ina cikin juya kaza a mai sai na ji lugude. Na san ba sakwara a cikin aikin ranar. Na rage wuta na zagayo, sai ga Hanne da taɓarya, Iya Kande na durƙushe tana juya abu a turmi da jiƙaƙƙen hannu.

Na ce, "Iya, ba ludayi Madam ta ce ba?"

"Ludayi! Abincin baƙi ne za a murje da ludayi kamar na kasala? In dai dole sai dankalin nan ya hau teburi, to da mutuncinsa zai hau. Hanne, ƙara masa."

Ina so ku fahimci wannan, ba raini ba ne ya sa ta. A wajenmu abin da za a girmama baƙo da shi sai ya sha daka, ya yi sumul ba gudaji. Girmamawa ta yi nufi. Kuma wallahi ya yi kyau a ido. Ya haɗe, yana sheƙi, in an ja shi yana biyo hannu. Ko a gidan sarauta aka ajiye malmalarsa ba a ji kunya ba.

Na gutsuri kaɗan na sa a baki. Nan take ya manne mini a ganɗa. Na tauna, na juya harshe, ya ƙi sauka sai da na kora da ruwa. Ni mai lafiya ke nan. Ashe dankali in ya sha taɓarya danƙo yake yi, ya fi na sakwara riƙe maƙogwaro. Wannan ko Baba Yohanna ya fito, ba zai haɗiyu ba, in ma bai jawo abin da ba a fata ba.

Na kira Madam, waya a kashe, tana coci. Na ɗauki lambar Sista da ke rubuce a jikin buhun na kira, ita ma a kashe. Na tsaya a bakin ƙofa da amanar mutane a bakina. In na yi shiru, Iya ba za ta zubar da dakanta saboda Sarkin Tambaya ta ce ya yi danƙo ba. In na faɗa, na saɓa alkawari. Na ce a raina, Allah ka ga niyyata. Na ja Iya gefe inda Hanne ba za ta ji ba, na gaya mata komai.

Na ɗauka faɗa za ta yi. Sai ta kalli hannunta da dankali ya manne.

"Me ya hana ki faɗa tun jiya?"

"Amana aka ba ni, Iya."

"Hm." Ta goge hannun a zani. "Malam, uban 'ya'yana, haka ya yi kafin Allah ya karɓi abinsa. Tuwo ya gagare shi, har ruwa sai da dabara. Ni na san abin da danƙo ke yi wa irin wannan maƙogwaro." Ta ɗaga murya. "Hanne! Ajiye taɓaryar nan, kawo kwandon can."

"Iya, na gashin?"

"Na ce ki kawo, ban ce ki yi tambaya ba. Mai tambaya ɗaya ta ishe ni."

Daga nan na ga aikin da ban taɓa ganin Iya ta yi ba, ita da ta saba da gaggawa. Muka feraye ƙananan, ta sa muka datse kai da gindi, ta ce nan zare ya fi taruwa. Aka yayyanka, aka dafa da ɗan gishiri har cokali na shiga ba gardama. Ta tsiyaye ruwan, ta bar dankalin a tukunya ya ɗan sha iska, tururi ya fita. Sannan ta ɗauki ludayin da ta raina ɗazu, ta danne dankalin da bayansa, a hankali, ba juyi ba tuƙi. Bayan haka ta sa rariyar ƙarfe a kan kwano, muna zuba mata tana murzawa yana sauka ta ƙasa.

Abin da ya rage a saman rariyar shi ya fi ba ni mamaki. Zare ne siri siri, kamar an tsefe igiya. Tun ina yarinya nake cin dankali, ban taɓa sanin yana ɗauke da wannan ba. Na ɗaga rariyar ina dubawa a haske.

"Ki bari sai an gama aiki ki rubuta jarrabawa a kansa," in ji Iya. "Ɗumama madarar nan. Kar ki kawo mini mai sanyi."

Ta narkar da bota ta zuba, ta ɗiga ɗan soyayyen man shanu, wai bota ba ta da ƙamshin gida. Madarar kuwa kaɗan kaɗan take sawa tana gaurayawa. Can ta ɗebo a cokali ta karkata shi, muna kallo.

"In ya zuba kamar kunu ya yi ruwa, shi ma yana sarƙewa. In ya maƙale ya yi tauri. So ake ya tsaya ya yi tunani, sannan ya zame."

Ya tsaya, ya zame. Na ɗanɗana. Kafin in ce zan haɗiye ya wuce da kansa, ya bar zaƙi da ƙamshin man shanu a baki.

Sai wata damuwar ta taso. Abin da aka samu ko rabin kula bai kai ba. Hanne ta leƙa ta ce, "Wannan ko yaran gidan ba zai ƙosar ba." Mu duk a tunaninmu tuwo muke gani, malmala ga kowa. Sai na tuna maganar Sista, cewa shinkafa tana biye. Na ce, "Iya, ai ba shi ne abincin ba, ɗan rakiya ne. Ludayi guda a gefen faranti, a bar wa shinkafa wurinta." Iya ta auna kular da ido, ta ce zai kai in hannun mai zubawa ba na almubazzarai ba ne. Duk da ƙarancin, sai da ta ɗebi nata a ɗan kwanon silba. Na buɗe baki zan yi magana, ta harare ni, na rufe.

Wajen azahar muka loda kuloli a keke muka nufi Samaru. Gidan yana cikin wani layi da ɗalibai suka cika da haya, amma ranar tsit, duk sun tafi hutu. An kafa rumfa a tsakar gida, an jera tebura. Mutane sun dawo daga coci cikin anko, yara na guje-guje da sababbin takalma. Sista ta taro mu tun daga ƙofa, ba kular kaza ta nema ba, ƙaramar ta buɗe. Ita ma cokali ta sa ta karkata, irin yadda Iya ta yi. Ta ɗanɗana, ta lumshe ido. "Haka ake so." Ba wanda ya ce mata komai game da turmi.

Muka bi faranti ɗaya bayan ɗaya, ludayin dankali, sai ɗan romon kaza da aka tace a kai. Kulolin shinkafa na tsakiya a rufe. Baƙi suna kallon faranti suna kallon juna. Ni kuwa idona na kan wata taga da na ga labulenta ya ɗan ɗaga. An daɗe ana leƙe ta wurin. Sannan labulen ya sauka.

Ba a jima ba ƙofar ta buɗe. Dogon tsoho ne, cikin farin kaftani da hula, sanda a hannu ɗaya, Sista na riƙe da ɗayan. Bai nufi kujerarsa ba. Sai da ya bi teburan yana duba faranti, kamar malami na duba littattafan 'yan aji. Ya duba na Fasto. Ya duba na jikokinsa. Sannan ya zauna.

Kusa da shi akwai wani tsoho, Malam Bitrus, abokin koyarwarsa tun suna samari. Shi ya fasa shirun.

"Yohanna, duk shekarun da ka yi kana karɓar albashi, ka tara mu ranar Kirsimeti ka ba mu dankali?"

Aka yi dariyar da ba ta kai ciki ba, ana jiran abin da zai biyo. Baba ya juya a hankali. Maganar ta fito da ƙyar, amma ta fito.

"Na gonata ne. Kai... me ka noma?"

Nan fa aka fashe da dariya ta gaske. Fasto ya miƙe zai yi addu'a, Baba ya ɗaga masa hannu, Fasto ya koma ya zauna. Baba da kansa ya yi. Gajeriya ce, kalma tana jiran kalma, amma ko yaro bai motsa ba. Ni ina gefe da ludayi, na sunkuyar da kai ina yi masa tawa a zuci.

Ya ɗauki cokali da hannun hagu. Kowa ya yi kamar nasa farantin yake kallo, amma na san duk ido na kansa. Ya kai baki. Na ga maƙogwaronsa ya motsa, ba tari, ba shaƙuwa. Ya ƙara na biyu. Sista ta juya baya tana gyara murfin kular da ba abin da ya same shi.

Can Baba ya ce, "Ƙananan ne. Sun fi zaƙi. Kullum ina faɗa... ba a ji."

Na saci kallon Iya Kande. Ta ɗaure fuska tana kallon sama, kamar ba ita ta ce ba sa ganin baƙi ba.

Aka buɗe shinkafa, kowa ya zuba a gefen dankalinsa, hira ta kankama. Ba wanda ya kula cewa farantin Baba bai ga shinkafa ba, shi ma bai damu ba, yana ta musu da Malam Bitrus kan wani tsohon hedimasta. Sai ya ƙwanƙwasa farantin da cokali.

"Ƙari."

Sista ta dube ni. Ni na san na kankare kular har ƙasa. Na dubi Iya. Sai ta buɗe jaka, ta fito da ɗan kwanon silba, ta taka da kanta har gaban tsohon ta durƙusa ta juye masa.

"Ga shi, Baba. Allah ya ƙara lafiya."

Malam Bitrus ya miƙo nasa farantin, fes kamar an wanke. "Baiwar Allah, ni fa?"

"Malam, ai kai kaza ka zo ci," in ji Iya. "Ga ta can."

Dakakken kuwa bai yi asara ba. Washegari muka mulmula shi muka soya, yaran layin suka cinye. Madam ta ji labarin turmi ta yi dariya har da riƙe ciki, sannan ta ce laifinta ne da ba ta tambayi dalili ba. Iya ta ce a'a, daga yau duk aikin da aka karɓo sai an gaya mata wa zai ci, tsoho ne, majinyaci ne, mai jego ce. Da na samu Sista na roƙe ta gafarar amanarta da na buɗe wa mutum ɗaya, sai ta riƙe hannuna ta ce Allah ya sa duk mai tona asiri ya yi irin wannan.

Na bar aikin yanzu, ina gida da 'ya'yana, amma abin da na koya ranar yana nan. Mu masu girki muna iya ƙwarewa har mu ɗauka mun san darajar kowane abinci, wannan na biki ne, wancan na talaka ne. Mai ci ne ya san darajarsa. Kuma kar ku yi saurin yanke hukunci a kan tsofaffin da kuke aiki a ƙarƙashinsu. Matar da ta fi kowa raina dankalin nan ita ce ta fi kowa sanin yadda za a yi shi, don ta taɓa zama a bakin gado da cokali a hannu. Ni ma duk Sallah nakan yi wa surukata shi, tunda haƙoranta suka zube. Kuma kowa na gidan sai an sa masa a faranti.